Ɗaukar mai zane ta ƙarƙashin gilashi, kamar yadda Hans Namuth ya yi a 1950

Gilashin da muka sayo tsawonsa ƙafa 6 ne, faɗinsa ƙafa 4, wato santimita 183 da 122, kaurinsa kuma milimita 10. Tsawo da faɗin ke nan na gilashin da mai ɗaukar hoto Hans Namuth ya kwanta a ƙarƙashinsa a ƙarshen shekarar 1950, yana ɗaukar mai zanen nan ɗan Amurka, Jackson Pollock, yana zuba fenti a samansa. Mun so mu bi sawun aikin nan ne tun daga kafa gilashin har zuwa tace hoto, domin fim ɗin da ya fito bai fi minti 10 ba sosai, kuma wanda ya kalle shi zai zaci zuwa kawai aka yi aka kunna kyamara.

Abu na farko da ya fara ba mu aiki shi ne nauyi. Murabba'in mita ɗaya na gilashi yana yin kilo 2.5 a kan kowane milimita na kauri, saboda haka namu ya tasam ma kilo 56. A tsaye ake ɗaukarsa, mutum huɗu, da safar hannu mai kauri. Idan aka ɗauke shi a kwance kamar faranti, tsakiyarsa na lanƙwasawa da nauyin kansa. Dole kuma ya zama gasasshen gilashi, irin wanda idan ya fashe yake marmashewa kamar tsakuwa, tunda mutum ne zai kwanta a ƙasansa fuska a sama. Gilashin taga na yau da kullum idan ya karye, wuƙaƙe yake zama. Sai dai gasasshe ba ya yankuwa kuma ba ya huduwa bayan an gasa shi, don haka a gama awo kafin a ba da oda. Rauninsa a gefe yake. Za a iya dukan tsakiyarsa ya jure, amma kusurwarsa ta ɗan taɓi siminti, shi ke nan.

Namuth Bajamushe ne, an haife shi a Essen a 1915. A 1933 'yan Nazi suka kama shi yana rarraba takardun adawa da su, aka sake shi, ya tsere zuwa Paris, a can ya koyi sana'ar hoto tare da abokinsa Georg Reisner. Su biyun suna Barcelona a Yulin 1936 yaƙin basasar Sifaniya ya ɓarke a kansu, suka ɗauki hotunansa. Da yaƙin duniya ya zo, Faransa ta tsare shi a matsayin ɗan ƙasar abokan gaba, ya shiga rundunar baƙi ta sojan Faransa, daga baya ya isa New York a 1941. Reisner bai samu fita ba, ya kashe kansa a 1940. Bayan yaƙi Namuth ya yi karatu a wajen Alexey Brodovitch, mai tsara shafukan mujallar Harper's Bazaar, kuma shi ne ya nuna masa cewa Pollock mai zane ne da ya kamata a je a gani.

A bazarar 1950 ya je gidan Pollock da matarsa Lee Krasner a Springs, can ƙarshen tsibirin Long Island da ke jihar New York. Yadda shi Namuth ya ba da labari, da ya isa Pollock ya ce masa zanen ya ƙare, babu abin ɗauka. Suna tsaye suna duba kyallen da ke shimfiɗe a ƙasa, sai kawai Pollock ya ɗauki gwangwanin fenti ya ci gaba da aiki kamar babu kowa a wurin. Daga ranar zuwa kaka Namuth ya ɗauki hotuna sama da 500. Amma Pollock a ƙasa yake shimfiɗa kyallensa, yana zagaya shi a sunkuye, don haka mai kyamara ko dai ya samu ƙeyarsa da zanen, ko ya samu fuskarsa ya rasa zanen. Gilashi ne ya warware masa wannan: idan kyamara ta koma inda kyallen yake, fuska da hannu da fenti duk za su shigo hoto ɗaya. Ba shi ya fara ba. Wani ɗan Beljiyam, Paul Haesaerts, ya riga ya ɗauki Picasso yana zane a kan gilashi a 1949, sai dai nasa gilashin a tsaye yake kamar taga. Fentin Pollock zubowa yake daga sama, dole gilashin ya kwanta.

Gadon da gilashin zai hau mun sa mai walda ya yi shi da ƙarfen kwana, da leɓe na santimita 3 a dukkan ɓangarori huɗu, muka shimfiɗa yankakken tiyub na mota a kan leɓen don kada gilashi ya taɓa ƙarfe. Kada a yarda a sa sanda a tsakiya don ƙarin ƙarfi, za ta raba hoton biyu. Kauri na milimita 10 ya isa ya ɗauki fenti da 'yan tsakuwa, da sharaɗin babu mai dogarawa da gwiwa ko tafin hannu a kai.

Tsayin ƙafafun gadon ba a yanke shi da ka, lissafi ne. Kyamarar da muka yi aiki da ita faɗin allonta na ciki milimita 36 ne, idon da muka ɗaura mata na milimita 24. Wannan na nufin faɗin abin da take gani ya ninka nisanta da abin sau ɗaya da rabi. Don ta kama tsawon santimita 183, sai idon ya yi nisan kimanin santimita 122 daga gilashin. A ƙara tsayin ita kanta kyamarar a kwance, gadon ya kai kusan santimita 140. A ɗaya ɓangaren kuwa hoton bidiyo na 16:9 yana kama wajen santimita 103 ne kawai, wato ana asarar kusan santimita 10 ta kowane gefe. Mun manna siririn salatif a gefen gilashin don mai zanen da muke ɗauka ya san iyakar da kyamara ke gani. Kuskure ne, mun cire a rana ta biyu, domin sai ya koma yana takura hannunsa don kada ya ƙetare layi.

Gilashi a tsayin santimita 140 ya kai wa mutum ƙirji, ba a zuba fenti a haka. Kafinta ya yi mana dandamali na katako mai tsayin santimita 70 a ɓangarori uku. A nan muka yi kuskure na biyu: an jingina dandamalin da gadon ƙarfen, duk takun da mai zanen ya yi sai gilashin ya girgiza, fentin da bai bushe ba ya yi rawa, hoton ma ya yi. Dole a bar tazarar yatsa biyu tsakaninsu, kowanne ya tsaya da ƙafafunsa. Wanda yake da fili zai iya haƙa rami mai zurfin ƙugu ya sa kyamara a ciki, gilashin ya sauko ƙasa-ƙasa, mai zane ya tsaya a kan ƙasar Allah. Wannan ya fi masa daɗi nesa ba kusa ba.

Akwai wata hanya ta uku, a sa madubi a karkace a ƙarƙashin gilashin, kyamara ta zauna a gefe tana kallon madubin. Mun gwada. Madubin kasuwa azurfarsa a bayan gilashi take, sai kowane layin fenti ya fito da inuwar kansa a gefe. Sai an samu madubin da azurfarsa ke a fuska, shi kuwa tsada gare shi kuma ko yatsa ba ya so. Sannan akwai zancen juyi. Wanda yake kallo daga ƙasa yana ganin zanen a juye, dama ta koma hagu. Madubi yana gyara zanen, amma sai ya mai da mai zanen bahago. Ɗaya dai za a zaɓa. Mu mun bar mutumin da hannunsa na dama, zanen ya fito a juye, kuma muka roƙe shi kada ya rubuta sunansa a kan gilashin yayin da ake ɗauka.

Da aka kunna kyamara karon farko, abin da ya fito a allo fuskar mai ɗauka ce da farar rigarsa da ƙafafun gadon, mai zanen kuwa yana can baya kamar fatalwa. Ƙasan gilashi madubi ne ga duk abin da haske ya taɓa a ƙarƙashinsa. Maganinsa duhu. Mun zagaye gadon da baƙin yadi mara sheƙi, wajen yadi 12, har ƙasa, muka shimfiɗa wani a daɓe, muka rufe jikin kyamarar da baƙin kwali da aka huda wa ido, har ɗan jan fitilar da ke nuna ana ɗauka sai da aka liƙe. Cikin wannan tanti zafi ne da warin tina, ba wanda zai jure rabin awa. Daga ƙarshe muka ɗaure kyamarar a kan katako, muka ja waya zuwa allon kallo a waje, ba kowa a ƙasa. Namuth bai da wannan gatan. A rigingine ya kwanta da kyamara a hannu, a waje, cikin sanyin Nuwamba.

A waje ya yi ɗaukar saboda sito ɗin da Pollock ke aiki a ciki ba shi da hasken da fim mai launi na zamanin yake buƙata, sai suka koma kan wani daɓen siminti a bayan gidan. Ribar da ya samu ita ce shuɗin sama a bayan kan Pollock. Long Island tana can arewa sosai, a Nuwamba rana ba ta hawa tsakiyar sama ko da azahar. A wajenmu da hantsi ya ɗaga, rana za ta leƙo kai tsaye cikin idon kyamarar da ke kallon sama. Lokacin aiki daga ƙarfe 7:30 ne zuwa 10 na safe, sai kuma bayan la'asar. A hunturu kuma hazo na mai da sama fari fat, ga ƙura tana sauka a kan ɗanyen fenti, kuma daga ƙasa kowace ƙwayar ƙura ana ganinta. Ƙarshen damina, bayan an yi ruwa sama ta wanke, shi ne lokacin.

Saitin kyamara duk da hannu ake yinsa a kulle. Idan aka bar ta ta nemi fokas da kanta, ɗigon fenti na farko zai janye ta daga fuska, ta dinga kai da komo. Idan aka bar ta ta auna haske da kanta, gilashin na cika da baƙin fenti tana ƙara buɗewa, sama ta ƙone. Mun tsayar da fokas a mita 1.5, ƙofar haske a f/8, wanda ya riƙe komai daga kusan mita 1 zuwa wajen mita 4, gilashi da fuska duk a sarari. Hoto 25 a daƙiƙa, ƙiftawar kyamara 1/50 na daƙiƙa, don zaren fenti ya fito da ɗan jan wutsiya kamar yadda ido yake ganinsa. Da muka gwada 1/500, fentin ya fito a gutsuttsure, babu kyau. A hasken rana f/8 da 1/50 sun yi yawa, sai an ɗaura gilashin rage haske na ND8.

Fuskar mai zanen ita ma matsala ce, don sama ce a bayansa, shi kuma ya sunkuyo, fuskar na cikin inuwa. Ba a haska ta daga ƙarƙashin gilashi. Farin allo muka kafa a gefe, sama da bakin gadon kaɗan, yana maido masa hasken rana.

Sai babban abin da ba mu yi tsammani ba, launi. Fenti mai kauri idan ya tare haske, daga ƙasa baƙi yake fitowa, ko ja ne ko rawaya. Awa guda mai zanen ya yi yana zuba launuka huɗu, a allo duk inuwa ɗaya. Don launi ya fito sai an haska ƙasan fentin, ga shi kuma mun ce haske a ƙasa haramun ne. Mafita ita ce fitilu biyu a can ƙarshen gadon, daf da ƙasan gilashin, suna haskawa a kwance ta yadda hasken da gilashin ya mayar zai wuce gefe bai shiga ido ba, a kuma tare su da baƙin kwali kada su taɓa kyamara. Ko da haka launin bai kai yadda yake a sama ba. Wanda ya duba zanen da Pollock ya bari a kan gilashin zai ga baƙin fenti ne da na ruwan azurfa, da ragar ƙarfe, da zare, da tsakuwa, da gutsattsarin gilashi masu launi. Kayan da siffarsu ke fitowa ke nan idan haske na bayansu, gilashi mai launi kuwa haske na ratsa shi. Ko da gangan ya zaɓe su ko dace ne, sun fi fenti ja da rawaya amfani a wannan aiki.

Fentin mai irin na ƙofa da taga muka yi aiki da shi, dangin wanda Pollock ke amfani da shi, a tsinka shi da tina har ya riƙa zuba daga sanda kamar zuma mai ɗumi, ba ya yankewa. Kyalle yana shan fenti ya riƙe layi inda ya faɗi. Gilashi ba ya sha. Layi biyu idan suka haɗu sai su narke su zama tabki, kuma idan gadon ya karkata ko da kaɗan ne, cikin minti 10 zanen duka ya gangara gefe ɗaya. A daidaita gadon da ma'aunin ruwa na magina ta tsawo da ta faɗi, a sake dubawa bayan an ɗora gilashin. A rage tina fiye da yadda mai zanen ya saba. Fentin yana ɗaukar awa 6 zuwa 8 kafin ya daina kama yatsa, don haka ba a sa rai a jira shafi ɗaya ya bushe a zuba wani a zama guda. Idan za a goge a sake, a yi tun yana ɗanye, da tsumma da tina, sannan ruwan sabulu, sannan busasshen kyalle. Reza tana iya karce gasasshen gilashi, kuma karce ɗaya zai bayyana a duk ɗaukar da za a yi bayansa.

Akwai kuma abin da ba shi da magani. Mai zane yana ganin shafin da ya zuba a ƙarshe, kyamara tana ganin wanda ya zuba da farko. Duk abin da ya ɗora daga baya yana ɓuya a bayan na farkon. Wajen minti 12 zuwa 15 gilashinmu ya cika har fuskar ta ɓace, daga nan kyamara ba ta da sauran abin gani alhali shi mai zanen yanzu ya shiga aikin. Zane biyu ake yi a lokaci ɗaya, na sama da na ƙasa, kuma ba tare suke ƙarewa ba. A cikin fim ɗin Namuth, Pollock da bakinsa ya faɗi cewa zanen farko a kan gilashin ya kuɓuce masa, ya goge ya fara wani.

Mu kyamararmu tana ɗaukar awa guda ba tsayawa. Namuth da fim na milimita 16 ya yi aiki, naɗi mai ƙafa 100 kuwa minti 2 da daƙiƙa 46 yake yi a hoto 24 cikin daƙiƙa. Ke nan kowane ɗan lokaci sai a ce wa mai zane ya dakata a sauya fim, ya koma inda yake, ya jira haske, ya fara yanzu, ya maimaita. Mutumin da duk aikinsa ya dogara ga kada hannunsa ya yanke, an mai da shi ɗan wasa, makonni ana yi. Mun gwada wannan da gangan sau ɗaya, muna tsayar da namu mai zanen duk bayan minti uku. A tsayawa ta huɗu ya fara ɗago kai yana duban allon kallo kafin ya zuba, layukansa suka gajarce, ya koma zuba fenti inda yake ganin zai yi kyau a hoto. Bai yi fushi ba, cewa kawai ya yi, "Malam, ku gaya mini abin da kuke so in zana." Daga ranar muka juya allon ya ba shi baya, muka hana kowa magana daga kunnawa har kashewa, kuma shi ne mai cewa an gama.

Ranar da Namuth ya gama ɗaukar gilashin, a ƙarshen Nuwamban 1950, Pollock ya shiga gida ya zuba giya ya sha, bayan kusan shekara biyu bai taɓa ta ba. Masu rubuta tarihinsa sun kawo cewa ya dinga ce wa Namuth shi ba ɗan bogi ba ne, Namuth ne ɗan bogi, har ya kifar da teburin abinci a gaban baƙi. Mutane na son ɗora wa fim ɗin laifin duk abin da ya biyo baya, har mutuwarsa a hatsarin mota a Agustan 1956. Wannan ya yi yawa, mutumin ya daɗe yana fama da giya tun kafin ya san Namuth. Amma wanda ya tsaya ya ga yadda "dakata, sake" take sauya hannun mai zane, ba zai ce kalmar bogi daga sama ta faɗo ba.

Sauti a wajen Namuth daga baya aka ɗora shi. Pollock ya karanta ɗan bayani da muryarsa, a ɗaure, kana ji ka san karatu yake. Morton Feldman, yana saurayi a lokacin, ya rubuta kiɗan da babban gogen Turawa. Mu mun manna ƙaramin makirfo a jikin ƙarfen gadon, ya kamo faɗuwar fenti da ƙarar tsakuwa a kan gilashi, abin da ya fi kowane kiɗa dacewa da hoton. A nisanta shi da dandamali, in ba haka ba takun ƙafa zai rufe komai.

Wajen tace hoto Namuth ya yi sa'ar abokin aiki, Paul Falkenberg, wanda ya yi wannan sana'a a Jamus tare da mai shirya fina-finai Fritz Lang kafin shi ma ya yi hijira. Shi ya harhaɗa guntayen ɗaukar makonni suka zama kamar aikin yini ɗaya. Mu da muke da ɗauka doguwa ba yankewa, jarabar da ta same mu ita ce a ƙara wa hoton gudu don minti 15 ya koma 2. Mun gwada, hannun mai zanen ya koma kamar na mai yayyafa wa fili ruwa, tsayawar da yake yi yana nazari ta ɓace, alhali a nan ake ganin yana yanke shawara. Mun bar gudun yadda yake, muka yanke a wuraren da ya juya ɗebo fenti.

An fara nuna fim ɗin a gidan adana zane-zanen zamani na New York a Yunin 1951, wata ɗaya bayan hotunan Namuth sun fito a mujallar ARTnews. Daga nan shi da Falkenberg suka ci gaba da wannan layi shekaru da dama, suka yi fina-finai a kan Willem de Kooning da Josef Albers da Alexander Calder da maginin nan Louis Kahn, shi kuma ya ɗauki hotunan ɗaruruwan masu zane a wuraren aikinsu. Fim ɗinsa na ƙarshe a kan Jasper Johns ne. Ya rasu a Oktoban 1990 sanadin hatsarin mota a East Hampton, ba nisa da inda Pollock ya yi nasa.

Gilashin Pollock yana nan, ana kiransa Lamba 29, 1950, a gidan adana zane-zane na ƙasar Kanada da ke Ottawa. Namu mun bar shi kwana 7 a kwance a ɗaki a rufe kafin mu tayar da shi, don fentin da ya taru da kauri yana yin ɓawo a sama cikinsa na ɗanye. A kusurwa ɗaya kwana 7 ɗin ba su isa ba, washegari muka tarar baƙin fenti ya tsaga ɓawon ya gangaro kusan taƙi guda.